Shayin Da Ya Cinye Sunan Percy Haddow

An binne Percy Haddow ranar da sama ta wuni tana zuba, na kuwa gaya wa duk wanda ya tsaya kusa da ni a maƙabarta cewa shi ya tsara hakan da kansa. Mutumin da ya ƙare rayuwarsa yana leƙen gajimare ba zai yarda a ɓata rana mai haske a kan jana'iza ba, ko da tasa ce. Matar fasto ta galla mini harara. Na bar ta da hararta, don ba ta san shi ba. Jaridar da ta ba da labarin mutuwarsa ma ba ta san shi ba. 'Yan layuka ta ba shi a ƙasan tallan maganin basir, wai "tsohon manajan shirya fim". Shi ke nan. To ni na san shi, kuma bakina bai mutu ba tukuna.

Ni ce Winnie mai ɗinki. A kamfanin fim na Sir Aubrey Kenward da ke bayan garin Landan na tsufa, ina sa wa jarumai kaya ina tuɓe musu. Na san faɗin ƙugun kowace tauraruwa, na gaskiya, ba wanda take gaya wa 'yan jarida ba. A can na tarar da Percy.

Ɗan masunta ne daga gaɓar gabas. Kakansa masunci, ubansa masunci, shi kuwa da ya taka jirgi sai cikinsa ya juya, ya mayar wa teku duk abin da ya ci. Uban ya gwada shi, ya sake gwadawa, ranar ƙarshe ya dube shi kwance a kan taru ya ce, "Tashi ka tafi birni. Can ne ake biyan mutum don ya tsaya a ƙasa." Ya tafi. Ya fara da share dusar katako a wurin kafintocin kamfani, ya koma mai ƙwanƙwasa wa jarumai ƙofa idan lokacin fitowarsu ya yi, ya zama mataimakin mataimaki, har yaƙi ya zo ya kwashe mazan da ke gabansa. Shi soja suka ƙi ɗaukarsa saboda tafin ƙafarsa a baje yake kamar na agwagwa. Haka ya wayi gari manaja.

Manaja shi ne mutumin da ake biya don ya ce a'a. Darakta ya ce yana son sojoji ɗari uku, Percy ya ba shi ashirin, ya ce su zagayo ta bayan kyamara su sauya hula su sake wucewa. Lokacin yaƙi, da katako ya yi wuyar samu, ƙofa ɗaya tak yake da ita. Ta fito ƙofar fada, ta fito ƙofar kurkuku, ta fito ƙofar coci, an yi ta lafta mata fenti har ta yi ƙiba. Ƙofar nan ta fi wasu jarumai da na sani iya wasa.

Gajere ne, kunnuwa kamar na tukunya, baƙar hula a ka, laima a hammata. Ya taɓa gayyata ta sinima. Na yi kwalliya har da jan baki. Ya kwashe fim ɗin gaba ɗaya yana zungura ta da gwiwar hannu yana nuna mini inda aka yi ɓarnar labule. Ban sake binsa ba, shi ma bai sake tambaya ba, muka zama aminai, kuma hakan ya fi auren da dama da na gani daɗewa.

Ba zan ce ma'aikata na ƙaunarsa ba, amma sun yarda da shi. Idan ya ce mota za ta zo, za ta zo. Idan ya ce za a ci abinci mai zafi a kan tsauni a tsakiyar hunturu, sai ka ga tururi.

Abu ɗaya ne ke cin sa a rai. A farkon kowane fim sunan furodusa shi kaɗai ke fitowa, ya cika allo, da kiɗa a bayansa. Na manaja kuwa a cikin tarin sunaye yake, ƙanana kamar tururuwa, ya wuce lokacin da mutane ke neman kujera suna ɓare alewa. Uwarsa, tsohuwa Misis Haddow, duk fim ɗinsa da ya isa garinsu sai ta sa hular zuwa coci ta je ta zauna layin gaba, amma ba ta taɓa kama sunan da ido ba. Wata Kirsimeti ta ja shi gefe ta ce, "Ɗan nan, ni na haife ka, gaya mini gaskiya. Gadi kake yi musu? Ai ba abin kunya ba ne." Yana ba ni labarin yana dariya, amma kunnuwan nan sun yi ja wur. Abin da yake so ke nan a duniya: tsohuwa ta ga sunansa kafin idonta ya rufe.

Bayan yaƙi da wasu shekaru Sir Aubrey ya kira shi ofis ya ba shi fim nasa na kansa. Ƙarami ne, irin wanda ake fara nunawa kafin babba, labarin wani saurayi masunci da ya rasa jirginsa ya sassaƙa wani. "Kai ne furodusa, Haddow," in ji shi. "Sunanka shi kaɗai a allo." Sai ya ƙara da cewa mijin 'yarsa, Gerald Stroud, zai bi shi ya ga yadda ake aiki. Stroud ya yi 'yan watanni a Amurka, ya dawo da sigari mai kaurin hannun jariri da kuma tabbacin cewa mu mutanen Ingila duk malalata ne.

Ranar farko ya ga Queenie ta turo kurar shayinta cikin zauren ɗaukar hoto. Queenie mijinta ya mutu a ruwan bama-bamai, ita ma ta fito da ɗingishi, kuma ta san yawan sukarin kowa ba tare da ta tambaya ba. Ana jin ƙarar tayar kurarta fitilu suka mutu, guduma ta yi shiru, kowa ya yi layi.

"Mene ne wannan?" in ji Stroud.

"Shayi ne, yallaɓai," in ji Percy.

"Na ga shayi ne. Me ya sa kowa ya ajiye aiki?"

"Don shayi ya zo."

"A Amurka mutum yana sha yana aiki."

"Shi ya sa kowa a fim ɗinsu gudu yake yi kamar an biyo shi," in ji ni, baki cike da allurai. Bai ko dube ni ba.

Percy ya yi masa bayani da haƙuri. Ya ce shayin safe da na la'asar ba kyautar kamfani ba ne. Iyayen mutanen nan ne suka ƙwace shi, tun zamanin da ake aiki da mutum har ya faɗo daga kan tsani. Ya nuna masa wani ƙato da ke zaune a kan akwati, Ned Cobb, shugaban masu fitilu kuma wakilin ƙungiyar ma'aikata. "In abu ya matsa kana son su bar shayi, akwai hanya. Ka je wurin Ned, ka cire hularka, ka roƙa. Bai taɓa hana ni ba. Amma roƙa ake yi."

"Ni in cire wa mai haɗa waya hula?"

"Ba ta da nauyi, yallaɓai. Na sha gwadawa."

Da aikin cikin zaure ya ƙare muka kwashi kaya muka tafi garin su Percy, don shi ya zaɓe shi, kuma kowa ya san dalili. Aka raba mu gidajen matan masunta, kifi da safe, kifi da rana, har na fara jin ƙaya a mafarki. Komai ya tafi daidai, saura fitowa ta ƙarshe: ranar da za a tura sabon jirgi cikin teku. Jirgin na gaske ne, na wani masunci a garin, an roƙe shi a ɗauki hoton saukarsa. Yadda aka tsara, jaruma za ta fasa kwalba a goshin jirgi, a ja igiya, ƙyallen da ya rufe sunan ya faɗi, a ga ROSALIND, sunan jarumar a labarin. Jarumi ya rungume ta a ƙarƙashin sunan, a buge katakan da suka tokare jirgin, ya zame cikin ruwa, fim ya ƙare. Sau ɗaya ake yin abin nan. Jirgin da ya sauka ya sauka.

Abu biyu ake buƙata su haɗu, cikar teku da hasken rana. Muka zauna kwana da kwanaki muna kallon sama kamar masu duban wata. Teku ta cika, babu rana. Rana ta leƙo, teku ta janye ta bar mu da taɓo. Jarumin kuma an riga an saya masa tikitin Amurka, ana jibi zai tafi.

La'asar ɗin nan teku ta cika taf, sama kuwa baƙa ƙirin. Queenie ta turo kurarta a kan tsakuwa, ta murɗa famfon babbar tukunyarta, kofuna suka fara zagawa. Kofin farko bai kai baki ba sai gajimare ya tsage, rana ta zubo a kan jirgin nan, irin hasken da mai kyamara ke kuka in ya gani. Darakta, wani tsoho mai sanƙo, ya miƙe zumbur.

Da idona na ga Percy ya cire hula. Ya nufi Ned, hula a ƙirji. Ned ma ya gan shi, har ya fara ajiye kofinsa a kan akwati. Da an bar su, da yanzu ba ni da labarin da zan ba ku.

Stroud ya riga shi. Ya rugo yana ihu, "Ku tashi! Ku tashi, malalatan banza!" Ya ture hannun Queenie daga famfo, ya bangaje kurar. Taya ta daki dutse, tukunya ta kife, tafasasshen shayi ya malala a kan tsakuwa ya watsu a ƙafar Queenie, mai lafiyar ma, ba mai ɗingishin ba. Ta zauna daɓas a ƙasa.

Ned ya ɗauki kofinsa da ya ajiye. Ya zauna. Masu fitilu suka zauna, kafintoci suka zauna, mai kyamara ya zauna. Har masuntan garin da aka ɗauko su buge katakai, waɗanda ba ruwansu da ƙungiyarmu, suka ajiye guduma suka nemi wuri. Ba ka jin komai sai kukan tsuntsayen teku.

Stroud ya juyo kan Percy. "Kai ne furodusa ko ba kai ba ne? Kori wannan ƙaton da wannan gurguwar yanzu-yanzu, sauran za su tashi. Rana na tafiya!"

"In na ƙi fa, yallaɓai?"

"Waya ɗaya zan buga wa surukina. Sunanka ba zai hau allo ba, ko ƙaramin ma."

Misis Haddow na nan cikin mutanen garin da aka tara su yi tafi, da hularta ta coci. Na ga Percy ya dube ta. Ya dubi rana. Sai ya mayar da hularsa ka, ya danna ta sosai. Ya je ya ɗaga Queenie, ya jiƙa hankicinsa da ruwan teku ya ɗaura mata a ƙafa, ya ce, "Queenie, akwai saura a ƙaramar buta?"

"Rabin kofi, Mista Haddow."

"Zuba mini."

Ya jawo akwatin kifi ya kife, ya zauna dab da takalman Stroud. "Mista Stroud," in ji shi, "na yi shekaru ina ce wa mutanen nan a'a. Na hana su mota, na hana su gawayi, na kwantar da su a ɗakin da ke yoyo. Ba su taɓa ajiye mini aiki ba, don ban taɓa taɓa musu kofi ba. Yau kai zan ce wa a'a. Je ka buga wayarka. Tana mashaya, bayan ƙofa, sai an jefa mata kwabo. In ba ka da canji in ba ka."

Ya yi ta kurɓa a hankali, har gajimare ya haɗe, rana ta koma inda ta fito. Na matso na ce masa a kunne, "Percy, kai wawa ne."

"Na sani, Winnie. Shayin ma ya huce."

Kafin dare amsar Sir Aubrey ta iso. Ba a kori Ned da Queenie ba, don tsohon ya san ƙungiya za ta kashe masa fitilun kamfani gaba ɗaya. Amma an wulaƙanta suruki a gaban jama'a, dole wani ya biya. Sunan Gerald Stroud ne zai fito furodusa. Percy ya koma manaja ya ƙarasa aiki, don ba wanda ya san lokutan jirgin ƙasa sai shi, kuma ba za a rubuta sunansa ko'ina ba. Gobe a tura jirgi, da rana ko babu.

Da sassafe Ned ya ƙwanƙwasa mini ƙofa, mai fentin kamfani a bayansa yana ɓoye gwangwani a cikin riga. "Winnie, ƙyallen da za a rufe sunan jirgi, a hannunki yake?"

"A hannun wa kake so ya kasance, na fasto?"

"Za ki iya ɗinke shi yadda ba mai iya leƙawa sai an ja igiya?"

"Kai Ned, na ɗinke mata masu jika cikin rigunan 'yan mata sun fito ana yi musu fito. Ƙyalle ne zai gagare ni?"

Mai jirgin suka fara tambaya. Ashe tare da Percy suka yi makaranta, yana cikin jirgin ranar da uban ya sallame shi. Ya yi dariya har da riƙe ciki, ya ce a yi.

Aka wuni ana yayyafi. Da teku ta cika yaran Ned suka fito da duk fitilar da muka zo da ita, suka haɗa wa jirgin nan rana ta ƙarya. Stroud na kan kujera da sigarinsa. Percy na can baya ƙarƙashin laima, yana duba ko motar da za ta kai jarumi tasha ta iso. Darakta ya ba da umarni. Jaruma ta fasa kwalba. Aka ja igiya, ƙyallena ya faɗi sumul, babu ko zare ɗaya da ya maƙale, ina so a rubuta wannan. A goshin jirgi, da farin fenti, kowane harafi tsawon kamu guda: PERCY HADDOW.

Jarumi bayansa ke wajen sunan, ya rungume jaruma abinsa. Masunta suka buge katakai, jirgi ya zame, mutanen gari suka ɓarke da tafi da ihu wanda ba wanda ya koya musu. Mai kyamara ya bi sunan nan da ido har ya hau ruwa. Darakta bai ce a tsaya ba. Daga baya ya ce wai tabaransa ne ya jiƙe.

Sigarin Stroud ya faɗi a cinyarsa. "A dawo da shi! A sake!"

"A dawo da shi?" in ji mai jirgin. "Yallaɓai, sai babbar cikar teku ta wata mai zuwa, da mazan garin nan duka. Kuma jirgin da ya taɓa ruwa ba a sauya masa suna, sai mai neman nutsewa. Ni kuwa ina da 'ya'ya."

Jarumi ya riga ya fara tuɓe rigar masunta yana miƙo mini, ido a kan mota.

Percy ya taho a hankali har bakin ruwa. Laima ta sauka daga kansa bai sani ba, yayyafi na bin kunnuwa. Ya daɗe yana kallo. Da ya buɗe baki abin da ya fito shi ne, "Wa ya ba ku izinin taɓa farin fenti?"

Ned ya matso, ƙaton nan, ya cire hularsa ya riƙe a ƙirji. "Mun manta ba mu roƙa ba, Mista Haddow. Ga shi muna roƙa."

"A'a," in ji Percy. Amma idonsa bai bar sunan ba.

Tsohuwa ta gangaro kan tsakuwa tana dogara sanda, ta tsaya gefensa ta ƙanƙance ido. "Wannan kam na gani," in ji ta. "Ubanka ya ƙare rayuwarsa a teku, ko kwale-kwale ba a taɓa sa wa sunansa ba." Sai ta ja hannun rigarsa. "Kada dai ka hau, ɗan nan."

Sir Aubrey mutum ne da ko ashana ba ya yarwa sai ta ƙone masa yatsa, saboda haka ba a sake ɗauka ba. Yankewa kuma ba ta yiwu ba, don a ƙarƙashin sunan aka yi rungumar da mata ke biyan kuɗi su gani. Haka fim ya fita. A farko sunan Gerald Stroud ya cika allo lokacin da mutane ke neman kujera suna ɓare alewa. A ƙarshe, lokacin da kowa ya yi tsit ana share hawaye, sunan Percy Haddow ya cika shi, da kiɗa a bayansa. Na ji wasu mata biyu a bayana suna gardama a kan ko wane ne, suka tsaya a kan cewa uban jarumi ne da teku ta ci. Misis Haddow ta kalle shi duk ranar da aka nuna shi a garinsu, kuma tana zuwa ne a makare, don ta ce farkon ba shi da daɗi.

Ba a sake ba Percy fim ba. Manaja ya zauna har talabijin ta cinye gidajen sinima, aka rufe kamfani aka mai da zaurukanmu wurin ajiye kujeru. Kada ku ɗauka ya yi laushi. Har ranar ƙarshe in ka nemi ƙusa goma zai ba ka shida ya ce ka miƙe tsofaffi. Stroud ya yi fim biyu da ba wanda ya tuna da su, ya koma sayar da injin wanki. Jirgin kuwa ya yi shekaru yana kamun kifi da sunan nan a goshinsa, mai sunan bai taɓa taka shi ba.

Bayan mun binne Percy muka koma zauren coci, mu 'yan tsofaffin da suka rage. Queenie ta daɗe da rigan mu gidan gaskiya, jikarta ce ta zuba shayi. Ned na nan, ya rame. Ba mu kai rabin kofi ba sai ga wani saurayi mai kula da zauren, da 'yar hularsa a karkace, yana tafa hannu yana cewa mu yi sauri mu tashi, masu biki na jiran wurin.

Ba wanda ya motsa. Ned ya ɗaga kai ya dube shi daga hula har takalmi.

"Yaro," in ji shi, "shayi muke sha. Cire hularka ka roƙa."